BABI NA HUƊU: WAƘA A MATSAYIN HUJJAR ASALI A FIM ƊIN "THE LANGUAGE YOU CRY IN"

4.0 Gabatarwa

A babin da ya gabata an yi bayani a kan ma'anar fim ɗin gaskiya, wato irin fim ɗin da ake ɗaukar mutane na zahiri da abubuwan da suka auku gare su ba tare da an sa 'yan wasa ba. An kuma nuna yadda baƙaƙen fata mazauna ƙetare suka riƙi irin wannan fim a matsayin hanyar neman tushensu. A wannan babi za a ɗauki fim guda ɗaya a yi masa nazarin ƙwaƙwaf. Fim ɗin shi ne "The Language You Cry In", ma'ana harshen da mutum yake kuka da shi, wanda Alvaro Toepke da Angel Serrano, mutanen ƙasar Sifen, suka fitar a shekarar 1998. Tsawonsa minti 52 ne, an kuma shirya shi cikin Ingilishi da harshen Mende na ƙasar Saliyo.

Abin da babin yake son tabbatarwa shi ne, fim ɗin ya samu hujja mai ƙarfi, amma ya ɗora mata kayan da suka fi ƙarfinta. Waƙar da aka gina fim ɗin a kanta ta tabbatar da cewa wani nassi na harshen Mende ya ƙetare teku, ya kuma rayu kimanin shekara 200 a bakin mata. Ba ta isa ta tabbatar da cewa iyalin da suka adana ta a Amurka 'yan asalin ƙauyen da aka tsince ta a Saliyo ba ne. Za a bi wannan batu ta hanyar duban tarihin al'ummar da abin ya shafa, da labarin fim ɗin, da jigonsa, da zubi da tsarinsa, sannan a auna hujjarsa.

4.1 Al'ummar Gullah

Gullah al'umma ce ta baƙaƙen fata da ke zaune a gaɓar teku da tsibiran jihohin Karolina ta Kudu da Jojiya a Amurka. Kakanninsu bayi ne da aka kai domin noman shinkafa a fadamun yankin. Masu gonakin sun fi son bayin da aka ɗauko daga gaɓar Afirka ta Yamma, tun daga Sanagal har zuwa Saliyo da Laberiya, saboda sun gaji noman shinkafa tun kaka da kakanni. Ɗaya daga cikin wuraren da aka riƙa tara bayin shi ne tsibirin Bunce, kimanin kilomita 30 daga birnin Freetown, inda 'yan kasuwar Ingila suka yi sansani tun wajen 1670 har zuwa lokacin da ƙasarsu ta haramta cinikin a 1807.

Zafin yankin da zazzaɓin cizon sauro sun sa Turawa masu gonaki ba sa zama cikin bayinsu a duk tsawon shekara. Wannan keɓewa ta ba Gullah damar riƙe abubuwa da dama na Afirka, kamar saƙar kwando da girkin shinkafa da tatsuniyoyi da sunaye. Haka kuma sun samar da harshe nasu daga cuɗanyar Ingilishi da harsunan Afirka, wanda yake da kama da Kiriyo na Saliyo.

Masana sun daɗe suna jayayya a kan wannan gado. E. Franklin Frazier, a littafinsa na 1939 a kan iyalin baƙaƙen Amurka, yana ganin bauta ta kusan shafe duk wata al'adar Afirka. Shi kuwa Melville Herskovits, a 1941, ya tafi a kan cewa da yawa daga cikinta sun wanzu, sai dai sun sake kama. Duk mai son fahimtar nauyin fim ɗin da ake nazari sai ya riƙe wannan jayayya a zuciyarsa, domin fim ɗin tamkar shaida ne da aka gabatar a gefen Herskovits.

4.2 Taƙaitaccen Labarin Fim

Labarin ya faro ne daga farkon shekarun 1930, lokacin da Lorenzo Dow Turner, baƙar fata masanin kimiyyar harshe, ya shiga cikin Gullah yana ɗaukar muryoyinsu a faifai. Ya tara sunaye da kalmomi fiye da 3,000 masu asali da harsunan Afirka, ya kuma buga sakamakon bincikensa a 1949. A ƙauyen masunta na Harris Neck da ke Jojiya ya ɗauki muryar wata mata mai suna Amelia Dawley tana rera wata waƙa mai ɗango biyar. Ita kanta ba ta san ma'anar abin da take rerawa ba. Daga baya wani ɗalibi ɗan Saliyo mai karatu a Amurka, Solomon Caulker, ya ji faifan ya gane cewa harshensa ne na Mende.

A shekarun 1980 Joseph Opala, Ba'amurke masanin al'adu da ke koyarwa a Kwalejin Fourah Bay ta Freetown, ya sake tayar da maganar. Ya haɗa kai da Cynthia Schmidt, masaniyar kiɗa da waƙa, da Tazieff Koroma, masanin harshe ɗan Saliyo. Koroma ya lura da wata kalma a cikin waƙar wadda ta keɓanta ga wani karin harshen Mende na kudancin ƙasar. Da wannan suka shiga ƙauyuka suna sa wa mutane kaset ɗin waƙar. Sun daɗe ba su dace ba, sai da suka kusa haƙura suka isa Senehun Ngola, inda wata mata mai suna Baindu Jabati ta san waƙar. Ta bayyana musu cewa waƙar makoki ce da ake yi a bakin kabari a wata al'ada mai suna Tenjami, ma'ana ƙetare kogi. Kakarta ce ta koya mata, ta kuma gaya mata cewa wata rana 'yan uwan da suka ɓace za su dawo, da wannan waƙa za ta gane su.

Bayan haka masu binciken suka koma Jojiya suka sami Mary Moran, 'yar Amelia Dawley, wadda ba ta mance waƙar ba. Yaƙin basasar da ya ɓarke a Saliyo a 1991 ya hana haɗa matan biyu, ya kuma raba Baindu da matsuguninta. Sai a 1997, cikin ɗan sararin da aka samu bayan yarjejeniyar Abidjan ta Nuwamba 1996 kuma kafin juyin mulkin watan Mayu, Mary da iyalinta suka isa Saliyo. Sun ziyarci kufan tsibirin Bunce, daga nan suka wuce Senehun Ngola aka yi musu gagarumar tarba. Sarkin ƙauyen, Nabi Jah, dattijo makaho mai kimanin shekara 90, ya sa aka gudanar da Tenjami. Daga wani karin magana na Mende da ya kawo aka samo sunan fim ɗin.

4.3 Jigo

Babban jigon fim ɗin shi ne sada zumuncin da bauta ta yanke. Ƙarƙashin wannan akwai ƙananan jigogi guda biyu.

Na farko shi ne matsayin mata wajen adana tarihi. A duka ɓangarorin biyu waƙar ta bi ta bakin mata ne, daga uwa zuwa 'ya a Jojiya, daga kaka zuwa jika a Saliyo. Babu rubutu, babu makaranta, babu fada. A al'adar Mende hidimar haihuwa da ta mutuwa tana hannun mata, saboda haka ba abin mamaki ba ne a tarar da waƙar makoki a wurinsu.

Na biyu shi ne dangantakar rayayyu da matattu. A tsohuwar aƙidar Mende, mamaci ba ya isa wurin magabata sai an yi masa Tenjami 'yan kwanaki bayan binne shi, inda ake dafa shinkafa da manja a kai bakin kabari. Ba manufar wannan nazari ba ce yanke hukunci a kan wannan aƙida. Abin lura kawai shi ne ma'anar da take ba waƙar. Da aka tambayi Nabi Jah dalilin da zai sa baiwa ta riƙe wannan waƙa ba wata ba, sai ya nuna cewa ita ce abu mafi daraja da za ta iya tafiya da shi, domin ita ce ke haɗa ta da magabatanta. Bawa ba ya shiga jirgi da kaya, sai abin da ke cikin kansa. Haka kuma sunan al'adar, ƙetare kogi, ya dace da halin waɗanda aka ƙetarar da su teku, kuma wannan dacewa tana cikin abin da ya ƙara wa fim ɗin armashi.

4.4 Zubi da Tsari

An zuba labarin ne bisa tsarin labarin bin sawu. Akwai abin da ya ɓace, akwai alamu, akwai masu bincike da suka kusa yanke ƙauna, sannan ga nasara a ƙarshe. Wannan tsari yana riƙe hankalin mai kallo, ya kuma sauƙaƙa masa batun kimiyyar harshe wanda da zai yi masa nauyi. Zaɓen Vertamae Grosvenor, marubuciya 'yar asalin Gullah, a matsayin mai ba da labari shi ma ya dace, domin muryar da ke jagorantar mai kallo ta cikin gida ce.

Mafi ƙarfin dabarar da aka yi amfani da ita ita ce maimaita waƙar. Mai kallo yana jin ta daga tsohon faifan Turner da ƙarar tsufansa, ya ji ta a bakin Baindu, ya kuma ji ta a bakin Mary. Ko da bai san kalma ɗaya ta Mende ba, kunnensa zai shaida masa kamar da ke tsakaninsu. Hausawa kan ce waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. A nan fim ya yi abin da littafi ba zai iya ba, domin Turner ya buga nassin a takarda tun 1949, amma takarda ba ta da murya.

Sai dai tsarin bin sawu yana da nasa aibin. Labarin da aka gina a kan tambaya dole ya ƙare da amsa guda, amsar kuma sai ta zama mai gamsarwa. Wannan buƙata ta tsari ita ce ta ja fim ɗin ya wuce inda hujjarsa ta tsaya, kamar yadda za a gani a ƙasa.

4.5 Ƙarfin Hujja da Iyakarta

Ya kamata a fara da ba fim ɗin haƙƙinsa. A 1976 Alex Haley ya fitar da littafinsa "Roots", inda ya ce ya gano kakansa a ƙauyen Juffure na Gambiya. Masana tarihi, irin su Donald Wright a 1981, sun soki wannan da'awa saboda alamu sun nuna cewa mutumin da ya ba Haley labarin ya riga ya san abin da baƙon yake nema. Hujjar fim ɗin da ake nazari ta fi wannan inganci ta fuska uku. Da farko, an ɗauki muryar Amelia Dawley fiye da shekara 50 kafin a fara neman ƙauyen, ke nan babu yadda za a ce an ƙaga nassin domin ya dace. Na biyu, ƙauyuka da yawa sun ji kaset ɗin ba su ce sun san waƙar ba, wanda ya nuna ba kowa ne ke amsawa don ya faranta wa baƙo rai ba. Na uku, Baindu ta kawo abin da babu shi a kaset, wato sunan al'adar da lokacin yin ta da masu yin ta.

Duk da haka, akwai tazara tsakanin abin da aka tabbatar da abin da aka bar mai kallo ya ɗauka. Kasancewar an sami waƙar a Senehun Ngola a ƙarshen ƙarni na 20 bai nuna cewa a can kaɗai ake yin ta a ƙarni na 18 ba. Tenjami al'ada ce da ta game ƙasar Mende kafin Musulunci da Kiristanci su raunana ta. Mai yiwuwa ne ƙauyuka da dama sun san waƙar suka mance, ta rage a wannan ƙauye saboda wata kaka ta nace. Wurin da abu ya saura ba lallai ne ya zama wurin da ya faro ba. Kalmar da Koroma ya gano ma yanki take nunawa, ba ta ware ƙauye guda ba.

Bugu da ƙari, waƙa ba jini ba ce. Yaro yakan koyi waƙa daga maƙwabciya ko daga mai renonsa, balle a gonakin bayi inda ake raba uwa da ɗanta a sayar, tsofaffi kuma su riƙe 'ya'yan da ba nasu ba. Har ila yau, Gullah ba daga Saliyo kaɗai suka fito ba. Kaso mafi girma na bayin da aka sauke a Karolina ta Kudu daga yankin Kwango da Angola suke, kuma masana ba su daidaita ba a kan ko sunan Gullah daga Angola ya samo asali ko daga ƙabilar Gola ta iyakar Saliyo da Laberiya. Iyalin da suka shekara 200 a irin wannan wuri suna da kakanni daga ƙabilu masu yawa. Idan aka ce ƙauye ɗaya ne gidansu, an ɗauki reshe guda an bar sauran bishiyar. Kama da wane ba ta wane.

4.6 Al'adar da Aka Farfaɗo a Gaban Kyamara

Wani abin da ya kamata a tsaya a kansa shi ne bikin Tenjami da aka nuna a ƙarshen fim. Fim ɗin bai ɓoye cewa an daɗe da barin al'adar ba, kuma wannan gaskiya abin yabo ce. To amma hoto ya fi magana tasiri. Abin da zai zauna a zuciyar mai kallo shi ne hoton mutanen ƙauye a bakin kabari, ba jimlar da ta ce an daina yin haka tun zamanin kakanni ba. Wannan matsala tsohuwa ce a fim ɗin gaskiya. Robert Flaherty ya sa mutanen Inuit suka yi farauta da tsofaffin makamai domin fim ɗinsa "Nanook of the North" na 1922, alhali sun riga sun saba da bindiga.

Idan aka dubi al'amarin da kyau, za a tarar cewa a nan ne ainihin darajar fim ɗin take, ko da yake bai ba ta isasshen fili ba. Abin da aka saba ɗauka shi ne, na ƙetare sun yi rashi, na gida kuma suna riƙe da komai. Labarin wannan waƙa ya rushe wannan tunani. A Jojiya lafazi ya wanzu, ma'ana ta ɓace, har waƙar makoki ta koma waƙar wasa da ake yi wa yara. A Saliyo ma'ana ta wanzu a kan mace guda, amma al'adar da ke ɗauke da waƙar ta mutu. Kowane ɓangare yana riƙe da guntu ne. Zuwan baƙin ne ya sa mutanen Senehun Ngola suka waiwayi abin da su ma suka bari.

Haka abin yake ta fuskar matsuguni. Baindu ta rasa gidanta a yaƙin basasa. Mutanen Harris Neck kuwa gwamnatin Amurka ta karɓe filayensu a 1942 domin gina filin jirgin saman soja, ba a kuma mayar musu ba, sai ma aka mai da wurin gandun namun daji a 1962. Ke nan matan biyu da suka haɗu a 1997 kowace ta fito daga al'ummar da aka taɓa tasa daga ƙasarta. Hankalin fim ɗin ya fi karkata ga rabuwar ƙarni na 18 da murnar haɗuwa, alhali wannan kama ta halin rayuwa ta fi zumuncin jini tabbata.

4.7 Darasi ga Manazarta Adabin Baka na Hausa

Ana iya tambayar abin da ya haɗa wannan fim da nazarin Hausa. Turner da kansa ya lissafa Hausa cikin harsunan da ya danganta wasu sunayen Gullah da su. Bayan wannan, Hausawa ma suna da 'yan uwa na ƙetare waɗanda cinikin bayi ta Sahara ya kai Afirka ta Arewa. A 1914 A. J. N. Tremearne ya wallafa bincikensa a kan bori a tsakanin Hausawan Tunis da Tarabulus. A kiɗan Stambeli na Tunisiya akwai waƙoƙi masu ɗauke da kalmomin Hausa da na Barebari waɗanda da yawa daga masu rera su ba su san ma'anarsu ba, kamar dai yadda Amelia Dawley ba ta san ma'anar tata ba.

Duk wanda zai bi sawun irin waɗannan waƙoƙi da kyamara zai amfana da hanyar da Opala da abokan aikinsa suka bi, musamman amfani da karin harshe wajen ƙuntata yankin bincike. Zai kuma kyautu ya fara neman mutane su rera abin da suka sani kafin ya sa musu kaset, ya adana amsar waɗanda suka ce ba su sani ba, ya kuma bayyana wa mai kallo duk abin da aka shirya domin kyamara. Har ila yau, fim ɗin ya nuna hatsarin raina waƙoƙin mata na daka da niƙa da reno, domin a irinsu ne tsofaffin kalmomi suke fakewa bayan sun fita daga maganar yau da kullum.

4.8 Naɗewa

A wannan babi an yi nazarin fim ɗin "The Language You Cry In" ta fuskar tarihi da jigo da zubi da tsari da kuma hujja. An ga cewa fim ɗin ya yi nasarar tabbatar da wanzuwar nassin Mende a Amurka ta hanyar da kunne zai shaida, wanda hakan ya ƙarfafa ra'ayin Herskovits da Turner. An kuma ga cewa tsarin bin sawu da aka zuba labarin a kai ya sa an mai da hujjar harshe ta zama hujjar nasaba, abin da waƙa ba za ta iya ɗauka ba. Mutanen Senehun Ngola suna da ikon karɓar iyalin Moran a matsayin 'yan uwa, kuma zumuncin da aka ƙulla ta haka zumunci ne na gaske. Aikin manazarci shi ne ya bambance wannan da abin da tarihi ya tabbatar. A babi na gaba za a kawo jawabin kammalawa da shawarwari.